Tarken Adabi Don Talakan Mai Karatu: Matsayin Hausawan Damazin da Jazira Tsakanin Boko da Larabci

Tsakure

Wannan maƙala ta dubi sharhin adabi da ake yi domin jama'ar gari, ta kuma auna yadda yake isa ga Hausawan da ke zaune a Damazin da ƙauyukan Jazira da gaɓar Shuɗin Nilu a ƙasar Sudan. An bi tarihin al'adu biyu na tarke: ta jaridun Hausa a Arewacin Nijeriya, da ta mujallun Larabci a Sudan. Binciken ya nuna cewa ta farko tana magana da harshen waɗannan mutane amma da rubutun da ba su tashi da shi ba, ta biyu kuwa tana amfani da rubutun da suka sani amma a kan adabin wani harshe. Maƙalar ta kawo hujjar cewa tarken da zai amfane su shi ne wanda aka gina a kan murya da ajami, bisa tsarin jan baƙi da fassara, wanda kuma ya ɗauki adabinsu a matsayin fasaha mai cin gashin kanta.

Muhimman kalmomi: tarke, sharhin adabi, Hausawan Sudan, ajami, adabin baka.

1.0 Gabatarwa

Tarken adabi iri biyu ne idan aka dubi wanda ake rubuta wa. Akwai na jami'a, wanda malami ke yi domin 'yan'uwansa malamai da ɗalibai. Akwai kuma na jarida da mujalla da rediyo, wanda ake yi domin tela da malamin makaranta da matar aure da ta karanta littafi tana son jin abin da wani ya gani a ciki. Wannan na biyu shi ke raya adabi a cikin al'umma, domin shi ke koya wa mai karatu bambance gwaninta da kwaikwayo, shi ke kuma sa marubuci ya san akwai idon da ke kansa.

Manazartan Hausa sun yi aiki mai yawa a kan wannan fanni, sai dai kusan duk aikin ya tsaya ne a tsakanin Kano da Zariya da Kaduna da Sakkwato. Tambayar wannan maƙala ita ce: wane irin tarke ne zai iya kai wa ga Bahaushen da aka haifa a gaɓar Shuɗin Nilu, wanda ya yi karatunsa da Larabci, yake kuma magana da Hausa a gida?

2.0 Hanyar Bincike

An yi amfani da hanyar kwatance ta tarihi. An dogara da ayyukan da aka riga aka wallafa a kan Hausawan Sudan, musamman na Mark Duffield (1981) a kan garin Mai Wurno, da na C. Bawa Yamba (1995) a kan alhazan da suka zaune a Jazira, da na Al-Amin Abu-Manga (1999) a kan yadda Hausar Sudan ke sajewa da Larabci. An jera waɗannan da tarihin sharhin adabi a jaridun ƙasashen biyu, sannan aka auna su da ma'auni uku: harshen da aka yi sharhin da shi, rubutun da ya ɗauke shi, da adabin da aka yi sharhin a kansa.

3.0 Muhallin Binciken

Hanyar hajji ta ƙasa ce ta fara kai Hausawa Sudan tun ƙarnoni da suka wuce. Babbar ƙaura ta zo ne bayan yaƙin Burmi na watan Yulin 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya ya yi shahada. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja ragowar jama'a, Fulani da Hausawa, zuwa gabas, suka zauna a kudu da Sinnar wajen 1906, garin da suka kafa ya ci sunansa. Da aka kammala madatsar ruwan Sinnar a 1925 aka buɗe gandun audugar Jazira, sai buƙatar ma'aikata ta jawo ƙarin mutane daga yamma. Madatsar Rusairis da aka gama a 1966 ita ta ɗaga Damazin ta zama babban gari a yammacin kogin, ta kuma samar da tafkin da masunta ke ci daga gare shi. A 1995 aka kafa jami'a a garin.

Abubuwa biyu daga wannan tarihi sun shafi batunmu. Na ɗaya, Yamba ya tarar da jikoki da tattaɓa-kunnen waɗanda suka fara zuwa suna ɗaukar kansu matafiya a kan hanyar Makka, alhali a nan aka binne kakanninsu. Na biyu, 'yan hijirar farko sun bar ƙasar Hausa kafin boko ya kafu. Gasar ƙagaggun labarai ta 1933 da ta haifi Ruwan Bagaja da Shaihu Umar da Ganɗoki, da fitowar Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, duk sun faru ne bayan tafiyar 'yan hijira. Abin da suka tafi da shi shi ne ajami da waƙa da tatsuniya da karin magana. 'Ya'yansu kuma suka shiga halwa, wato makarantar allo ta Sudan, da makarantun gwamnati masu koyarwa da Larabci.

4.0 Al'adu Biyu na Tarke

4.1 Jaridun Hausa a Nijeriya

Tun zamanin Abubakar Imam, Gaskiya Ta Fi Kwabo ta saba wa Bahaushe ya rubuta wasiƙa ya faɗi ra'ayinsa a bainar jama'a, ta kuma riƙa buga waƙoƙi. Daga baya malaman jami'a suka samar da kayan aikin feɗe adabi da Hausa: Abdulƙadir Ɗangambo a fagen rubutacciyar waƙa, Sa'idu Muhammad Gusau a fagen waƙar baka, Ibrahim Yaro Yahaya a tarihin rubuce-rubuce da littafinsa Hausa a Rubuce (1988). Jigo da warwararsa, salo, zubi da tsari, amsa-amo, duk suka zama kalmomin da ɗan sakandare ya sani.

Inda tarke ya fito fili sosai shi ne muhawarar da aka tafka a kan littattafan soyayya. Bayan fitowar ayyuka irin su Alhaki Kwikwiyo na Balaraba Ramat Yakubu da In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino, Ibrahim Malumfashi ya laƙaba wa wannan yayi sunan Adabin Kasuwar Kano, yana ganin ba zai ɗore ba. Abdalla Uba Adamu da Yusuf Adamu suka tsaya wa marubutan. An fafata a jaridar Nasiha a farkon shekarun 1990, sannan a shafin adabi na New Nigerian Weekly da Ibrahim Sheme ya kula da shi a ƙarshen shekarun. Darajar wannan muhawara ita ce marubutan da ake suka sun mayar da martani da kansu, masu karatu kuma sun tsoma baki. Amma duk an yi ta ne da haruffan boko, wani ɓangare ma da Ingilishi.

4.2 Mujallun Larabci a Sudan

Sudan ma tana da tsohuwar al'adar sharhi domin jama'a. A ƙarshen shekarun 1920 Hamza al-Malik Tambal ya yi kira ga mawaƙan ƙasar su daina kwaikwayon tsofaffin ƙasidun Larabawa, su dubi rayuwar da ke gabansu. Mujallar Annahda (1931) da ta Alfajr (1934) ta Arafat Muhammad Abdallah suka zama dandalin matasa irin su Muhammad Ahmad Mahjub. A Wad Madani, cibiyar Jazira, ƙungiyar adabi ta garin ce ta haifi tunanin Majalisar Masu Ilimi ta 1938, a nan kuma aka yi bikin adabi na 1939. Wato a tsakiyar yankin da Hausawa ke tsinkar auduga ake wannan hidima. Sai dai tambayar da ta dami waɗannan masana ita ce mene ne adabin Sudan a cikin harshen Larabci. Waƙar mai daka da Hausa a bayan gari ba ta cikin lissafinsu. A'isha al-Fallatiya, wadda asalinta daga yamma ne, ta shahara a Rediyon Omdurman tun shekarun 1940, amma da waƙoƙin Larabci akasari aka san ta.

5.0 Sakamakon Kwatance

Idan aka ɗora ma'aunan nan uku, giɓin ya bayyana. Matashin Damazin yana karanta Larabci a saukake, ya kuma ga haruffan Turawa a darasin Ingilishi, amma ba a koya masa ƙa'idojin rubutun Hausa ba, balle haruffa masu lanƙwasa. Shafin adabi na jaridar Hausa zai yi masa nauyi ko da ya same shi a waya. Sharhin Larabci kuwa yana shiga kansa nan take, sai dai ba ya ce masa komai game da abin da kakarsa ke rerawa.

Akwai giɓi na uku wanda ya fito daga ɓangaren masana. Ayyukan da aka ambata a sama na tattalin arziki ne da nazarin al'umma da kimiyyar harshe. Suna da matuƙar amfani, amma manufarsu daban ce da ta mai tarke. Masanin harshe idan ya ji kalmar hawasha, wato gonar da aka yanka wa manomi a gandun Jazira, ko kambo, wato sansanin 'yan ƙwadago, a bakin mawaƙi, zai rubuta ta a jerin kalmomin aro. Mai tarke zai tambaya: me ya sa mawaƙin ya ajiye ta a ƙarshen ɗango? Ta gyara masa amsa-amo ne ko ta karya? Wa yake wa habaici da ita, mai gona ko ɗan ƙwadago? Haka kuma manazarcin da ya zo daga Kano yana iya faɗawa tarkon auna wannan Hausa da daidaitacciyar Hausa, ya kira ta gurɓatacciya. Ai Hausar Kano ma cike take da aron Larabci da Ingilishi, ba wanda ya ce waƙoƙinta sun lalace saboda haka.

Ko matani ɗaya ne, karatunsa yana sauyawa da wurin zama. Waƙar Zuwan Annasara da ake jingina wa Sarkin Musulmi Attahiru, wadda ke kira ga hijira, a Sakkwato ana karanta ta a matsayin shaidar turjiya da bankwana. A Mai Wurno kuwa mai sauraro jikan wanda ya amsa kiran ne, waƙar tana ba shi dalilin kasancewarsa a inda yake. Tarken Hausa bai cika ba muddin ba a ji wannan karatu na biyu daga bakin masu shi ba.

6.0 Samfurin da Ake Ba da Shawara

Mafita tana cikin abin da al'ummomin biyu suka riga suka sani. Farfesa Abdullahi Aɗɗayyib, marubucin Almurshid a kan fahimtar waƙoƙin Larabawa, wanda ya shugabanci Kwalejin Abdullahi Bayero ta Kano a tsakiyar shekarun 1960, ya shafe shekaru yana tafsiri a Rediyon Omdurman. Shaihu Siddiƙ Ahmad Hamdun ya ja aya, Farfesan kuma ya warware ta da Larabcin gida wanda manomi ke ganewa, yana kawo baitocin tsofaffin mawaƙa domin fito da ma'anar kalma. Bahaushe ya san wannan tsari sarai: alaramma ya ja baƙi, malam ya fassara. Haka ake karanta waƙoƙin wa'azi na ajami a zaure. A rera baiti, a dakata, malam ya faɗi abin da mawaƙin ke nufi da dalilin da ya sa ya zaɓi wannan lafazi, wani dattijo ya ce shi ba haka ya ji daga malaminsa ba. Wannan tarke ne cikakke, abin da ya rage shi ne a faɗaɗa shi ya game tatsuniya da waƙar aiki da ƙagaggen labari.

Bisa wannan ake ba da shawarwari huɗu. Na ɗaya, sharhi ya fara da murya, ta rediyo ko saƙon murya a WhatsApp, a ji matanin kafin a ji ra'ayin mai sharhi. Na biyu, abin da za a rubuta a fitar da shi da ajami da boko gefe da gefe, yadda mai karatu a Damazin da na Katsina za su haɗu a shafi ɗaya. Na uku, a yi amfani da Hausar wurin, a kuma jingina kalmomin nazari da takwarorinsu na Larabci da ɗalibin Sudan ya sani, kamar ƙafiya da bahari. Na huɗu, sassan Hausa na jami'o'in Nijeriya da Nijar su haɗa hannu da Cibiyar Nazarin Afirka da Asiya ta Jami'ar Khartum da jami'ar Damazin wajen horar da 'yan ƙasa su zama masu tarken adabinsu.

7.0 Kammalawa

Maƙalar ta nuna cewa Hausawan Shuɗin Nilu da Jazira suna zaune a tsakanin al'adun tarke biyu masu ƙarfi, ba tare da ɗayansu ta kama hannunsu ba. Lamarin yana da gaggawa. Rikicin da ya ɓarke a jihar Shuɗin Nilu a watan Yulin 2022, ya sake tashi a Wad al-Mahi a watan Oktoba, ya ci ɗaruruwan rayuka, kuma a gindinsa akwai tambayar wane ne ɗan ƙasa, wane ne baƙo. Yaƙin da ya fara a watan Afrilun 2023 ya tarwatsa garuruwan Jazira da Sinnar, tsofaffin da ke riƙe da waƙoƙi a ka suka watsu. Sharhin adabi ba zai sasanta rikicin ƙasa ba, amma yana iya nuna wa matashin Bahaushe da maƙwabcinsa cewa an fi shekara 100 ana ƙirƙirar fasaha da Hausa a gaɓar wannan kogi, kuma wannan fasaha ɓangare ce ta adabin Sudan kamar yadda take ɓangare ta adabin Hausa. Aikin farko da ke gaban manazarta shi ne naɗar waɗannan matani daga bakin masu su, sannan a mayar musu da sharhin cikin muryar da za su ji da rubutun da za su iya karantawa.