Daga Kaset Zuwa Faci: Wa Ke Ɗaukar Nauyin Gyaran Gem?

Duk wanda ya taɓa sayen PlayStation 4 na hannu, ya kai gida, ya zura faifan ƙwallo yana ɗokin a take leda, ya san abin da ke biyo baya. Sai rubutu ya fito a allo cewa akwai sabuntawa, abin da 'yan gem ke kira ofdet, tana jiran a sauke ta. Nan take hankali ke tashi: shin sai na buɗe asusu? Sai na biya kuɗin wata na PlayStation Plus kafin a gyara min wasan da na saya da kuɗina?

A'a. Babu ɗaya daga cikin manyan kamfanoni uku, Sony da Microsoft da Nintendo, da ke neman kuɗin wata kafin ka sauke gyaran wasa. A na'urorin PS3 da PS4 da Switch ko asusun ma ba dole ba ne, intanet kawai ake buƙata. Xbox na zamani ne ke son asusun Microsoft tun daga kunnawar farko, shi ma kyauta ake buɗe shi. Sai dai wannan amsar, duk da gaskiya ce, ta ɓoye wani abu da ya fi kuɗin wata girma, kuma ba za a gan shi ba sai an koma baya.

A zamanin kaset, wato lokacin Family Computer da Sega Mega Drive da Super Nintendo, abin da aka zuba a cikin kaset ya zauna ke nan. In akwai kuskure, da shi za a tsufa. Iyakar abin da kamfani zai iya shi ne ya gyara a bugu na gaba, a yi shiru. A 1998 Nintendo ya fitar da The Legend of Zelda: Ocarina of Time a kan Nintendo 64. A kasusuwan farko, kiɗan wani sashe na wasan yana ɗauke da muryoyi masu kama da zikirin Musulmi. Kamfanin ya cire su a bugun da ya biyo baya, amma wanda ya riga ya sayi na farko, nasa yana nan yadda yake har gobe. Babu wata hanya da hannun kamfani zai kai ɗakinsa.

Da faifai ya maye gurbin kaset ma ba ta canja zani ba. Gran Turismo 2 ya fito a 1999 da kurakurai, sai da Sony ya riƙa musanya wa mutane faifai. A lura da wanda ya ɗauki asarar: kamfani ne. Shi zai sake bugawa, shi zai biya kuɗin aikawa. Tsoron wannan asarar ne ya sa ake tsefe wasa ciki da bai kafin a kai shi masana'anta, don an san in ya fita ya fita.

Microsoft ne ya sauya lissafin. Xbox na farko ya zo a 2001 da rumbun ajiya a cikinsa da kuma kafar jona wayar intanet, abubuwa biyun da gyara daga nesa ke buƙata: hanyar da zai biyo da wurin da zai zauna. A watan Nuwamba na 2002 aka buɗe Xbox Live, ana biyan kusan dala 50 a shekara. Daga nan kalmar faci ta shigo duniyar na'urorin gida, kuma ma'anarta daidai take da facin da muka sani a wurin mai gyaran taya: ɗan abin da ake liƙawa a inda ya huje. Ina ganin tun daga wannan lokacin ruɗanin ya samo asali, domin ƙofar da ake bi a yi wasa da mutanen nesa ita ce dai ƙofar da faci ke shigowa, kuma a bakinta akwai mai karɓar kuɗi. Da Xbox 360 ya fito a 2005 sai aka raba ƙofar biyu. Asusun Silver kyauta ne, da shi ake samun faci. Asusun Gold na kuɗi ne, da shi ake karawa da wasu ta intanet. Wanda ya ƙi karɓar faci kuwa, sai a fitar da shi daga Xbox Live, ya ci gaba da wasansa shi kaɗai. Sony ya zo da PS3 a 2006, ya bar komai kyauta, har da wasa da mutanen nesa.

Abin da ya faru a watan Oktoba na 2008 ya cancanci a tsaya a kansa, domin yana tsakiyar zamani biyu. Ana gab da sakin LittleBigPlanet, wasan da kamfanin Media Molecule na Ingila ya yi wa PS3, sai wani ɗan wasa Musulmi ya ja hankalin Sony cewa ɗaya daga cikin waƙoƙin da aka saka, ta Toumani Diabaté, shahararren makaɗin kora na ƙasar Mali, tana ɗauke da kalmomi daga ayoyin Alƙur'ani. An riga an buga faifai, an raba wa 'yan kasuwa. Masu ƙirƙirar wasan suka haɗa faci cikin gaggawa wanda zai cire muryar. Duk da haka Sony ya janye faifan daga shaguna a faɗin duniya, ya ɗage ranar fitowa, ya sake bugawa. Faci ba zai kai ga wanda na'urarsa ba ta kan intanet ba, kuma a 2008 kamfanin bai ɗauka cewa kowa yana kai ba. Ni a wurina wannan shi ne abin lura a labarin. A wancan lokacin, mutumin da ba shi da intanet yana cikin lissafi. Darajarsa ta kai a yi asarar ɗimbin faifai saboda shi. Ban tsammanin da yau ne za a yi haka.

Nintendo ya daɗe a tsohuwar hanya. Wii ba shi da tsarin facin wasanni irin na abokan hamayyarsa. Da aka gano kuskuren da ke tsayar da mutum cik a Metroid: Other M a 2010, sai aka ce wanda abin ya shafa ya aika katin ajiyarsa ga kamfanin a gyara masa. A 2011, don kuskuren Skyward Sword, sai da aka ƙirƙiro wata manhaja ta musamman da ke gyara ajiyar ɗan wasa.

Akwai kuma lokacin da faci yake da tsada, amma ga masu ƙirƙirar wasa. Microsoft yana cajin su kafin ya tantance gyara ya sake shi. A 2012 ƙaramin kamfanin Polytron na Kanada ya saki facin wasansa Fez, sai aka ga yana lalata ajiyar wasu 'yan tsiraru. Kamfanin ya fito ya ce sake wani facin zai ci dubban daloli masu yawa, don haka ya bar shi a haka. A 2013 Microsoft ya soke wannan cajin. Abu ne mai kyau ga ƙananan kamfanoni, amma kuma ya cire ɗaya daga cikin birkin ƙarshe. Gyara ya zama ba ya cin kamfani komai, kuma abin da gyaransa ya yi arha, ba a cika tsayawa a kyautata shi tun farko ba.

Ta ɓangaren kuɗin wata, tafiyar a miƙe take. Sony ya ƙirƙiro PlayStation Plus a watan Yuni na 2010, kuma cikin garaɓasar da ya ba masu biya har da na'ura ta kunna kanta da dare ta sauke faci. Wannan ma ya ƙara wa mutane ruɗani, alhali abin da ake sayarwa shi ne hutun jira, facin kansa kyauta ne ga kowa. Da PS4 ya zo a 2013, wasa da mutanen nesa ya koma na masu biya. Nintendo ya bi sahu a watan Satumba na 2018 da Nintendo Switch Online, dala 20 a shekara. A watan Afrilu na 2021 Microsoft ya daina neman Gold don wasannin kyauta irin su Fortnite, a 2023 kuma ya maye gurbin Gold da Game Pass Core. Sunaye sun canja, farashi ya hau, amma iyakar tana inda aka shata ta tun 2005: karawa da mutane ta intanet galibi da kuɗi, gyara kyauta.

To, ina matsalar take? Tana cikin faifan. A 2013 Microsoft ya so ya sa Xbox One ya riƙa tuntuɓar sabar kamfani sau ɗaya a kowace sa'a 24, mutane suka yi ca, ya janye a watan Yuni kafin na'urar ta fito. An yi murna. Amma abin da aka kora ta ƙofa, sannu a hankali ya dawo ta taga. Tony Hawk's Pro Skater 5 ya fito a 2015 da facin ranar farko wanda ya fi abin da ke cikin faifan girma. Spyro Reignited Trilogy na 2018 wasanni uku ne a rubuce a jikin kwali, amma a bugun farko sai an sauke wani kaso mai yawa kafin a kammala su. Cyberpunk 2077 ya fito a watan Disamba na 2020 a lalace a kan PS4, har Sony ya cire shi daga shagonsa na intanet, bai dawo ba sai watan Yuni na 2021, bayan faci a kan faci. Wanda ya sayi faifan ba shi da intanet, da lalataccen ya zauna. Faifan Call of Duty: Modern Warfare II na 2022 kuwa bai ɗauke da ko megabait 100 ba, sauran giga masu ɗimbin yawa duk sai an sauke.

A nan ne batun ya iso ƙofar gidanmu. A ƙasashen da ake biyan kuɗin intanet na gida sau ɗaya a wata a yi ta sha ba awo, facin giga 30 jira ne kawai na ɗan lokaci. A Kano ko Zariya ko Maraɗi, inda mafi yawan mutane da datar waya suke jona na'ura, giga 30 kuɗi ne tsaba, ga kuma fargabar a ɗauke wuta ana tsakiyar saukewa. A watan Janairu na 2025 hukumar sadarwa ta Nijeriya, NCC, ta amince wa kamfanonin waya su ƙara farashi da kashi 50 cikin ɗari. Mai gidan gem da ke da na'ura biyar, kowace da nata facin, shi ya san ciwon wannan ƙarin. Kuma yara ba za su yarda da tsohon jerin 'yan wasa ba, suna son ganin ɗan ƙwallo a kulob ɗin da ya koma. Sabunta jerin a FIFA, wanda ya koma EA Sports FC a 2023, ba ya buƙatar PlayStation Plus, amma yana buƙatar shiga sabar EA da asusu. PES da muka taso da shi ya zama eFootball a 2021, aka daina buga shi a faifai gaba ɗaya. Manhajar na'urar kanta, Sony ya yarda a sauke ta a kwamfuta a zuba a filash a kai gida. Facin wasanni ba shi da irin wannan halastacciyar hanya. Da akwai, da mutum ɗaya zai sauke, unguwa guda ta amfana.

Asusun ma da ake cewa kyauta ne, akwai magana a kansa. A duk nahiyar Afirka, Afirka ta Kudu ce kaɗai ke cikin jerin ƙasashen da ake zaɓa wajen buɗe asusun PlayStation. Ɗan Nijeriya ko Nijar ko Gana sai ya ari adireshin Amurka ko Ingila, ya sayi katin kuɗi na can. Faci yana bin yankin faifai, don haka ba ya damuwa da wannan aron, amma ƙarin kayan wasa da ake saya dole yankinsu ya dace da na faifan, kuma mutane da dama sun yi asarar kuɗi a nan. Duniya ba ta lura da wannan giɓin sosai ba sai a watan Mayu na 2024, lokacin da Sony ya ce dole masu buga Helldivers 2 a kwamfuta su haɗa da asusun PlayStation, aka cire wasan daga kasuwar Steam a ƙasashe da yankuna sama da 170. Cikin 'yan kwanaki kamfanin ya janye sharaɗin saboda surutun da ya tashi. Mu kuwa mun shekara fiye da goma muna zaune da wannan aron adireshi ba wanda ya tanka.

Abin da ya fi damuna shi ne gobe. Kaset ɗin Zelda na 1998 zai yi aiki yau in an samu na'urarsa. Amma a watan Afrilu na 2010 Microsoft ya rufe Xbox Live na Xbox na farko, hanyar sauke facin waɗancan wasanni ta tafi tare da shi. Nintendo ya rufe shagon 3DS da Wii U a 2023, Microsoft ya rufe na Xbox 360 a 2024, duka biyun sun bar ƙofar faci a buɗe, amma iya lokacin da suka ga dama. Mu kuma kasuwarmu ta kayan hannu ce. Na'ura tana iso mana da yawa ne bayan ta tsufa a can, wato daidai lokacin da kamfani ya fara tunanin rufe sabarta.

A watan Yuni na 2025 Nintendo ya fitar da Switch 2, tare da wani sabon nau'in kati da ake sayarwa a kwali kamar kowane wasa. Ba ya neman kuɗin wata, ba a ɗaure shi da asusun kowa ba, kana iya ara wa aboki ko ka sayar. Sai dai babu wasan a cikinsa. Makulli ne kawai, wanda in ka zura shi zai ba na'urar izinin sauke wasan gaba ɗaya daga intanet, da datarka.