Bulus: Asali da Ma'ana da Tafiyar Wani Sunan Romawa Zuwa Ƙasar Katsina

1.0 Gabatarwa

Wanda duk ya taɓa kiran sunayen ɗalibai a wata makaranta a ƙasar Dutsin-Ma ko ta Kurfi ya san irin sunayen da bakinsa ya saba da su: Lawal da Sani da Kabir da Sagir da Mannir da makamantansu. Jefi-jefi yakan ci karo da wani suna wanda zai sa 'yan aji su waiwaya, watau Bulus. Sau da yawa tambayar da takan biyo baya ita ce, daga wace jiha ka zo? Mai sunan kuwa wataƙila Bakatsine ne gaba da baya, ba shi da wani harshe sai Hausa.

Wannan maƙala za ta bi diddigin wannan suna. Za a duba ma'anarsa a harshen da aka haife shi, da hanyar da ya biyo har ya iso ƙasar Hausa, da abin da siffarsa ta Hausa take shaidawa game da wannan hanya. Daga ƙarshe za a taɓa batun halin suna. Ya kamata a faɗa tun da wuri cewa Romawan da za a ambata a nan mutanen birnin Roma ne na ƙasar Italiya, kada a haɗa su da Rumawan Ruma ta ƙasar Batsari.

2.0 Ma'anar sunan a harshen Latin

Asalin kalmar shi ne paulus, wadda a tsohon rubutu akan sa mata l biyu, watau paullus. Siffa ce, ma'anarta ƙarami ko ɗan kaɗan. A tsarin Romawa ɗa namiji mai 'yanci yakan ɗauki suna uku: nasa na kansa, da na zuriyarsu, da na uku wanda yake bambanta wani reshe na zuriya da wani. Wannan na ukun galibi laƙabi ne da aka yi wa wani kaka saboda siffar jikinsa, sa'an nan 'ya'ya da jikoki suka gada. Paullus yana cikin wannan rukuni.

A nan akwai abin lura ga mai nazarin al'adun Hausawa, don kuwa dabarar laƙabin Romawa ta yi kama da tamu ƙwarai. Alal misali, suna da Rufus, mai ja, mu kuma muna da Jatau. Suna da Niger, baƙi, muna da Duna. Suna da Longus, muna da Dogo. Yaron da aka haifa bayan rasuwar ubansa sukan kira shi Postumus, mu kuwa mukan ce Audi. Babu wata shaida cewa wani ya ara daga wani. Abin da wannan ya nuna shi ne, ɗan Adam a ko'ina yakan dubi jikin jariri da lokacin zuwansa da halin da gida yake ciki, ya ciro masa suna daga nan. In an bi wannan ma'auni, takwaran Paullus a Hausa shi ne Ƙarami, takwaransa a sunayen da muka samo daga Larabci kuwa shi ne Sagir.

Gidan da ya yi fice da wannan laƙabi a Roma reshe ne na zuriyar Aemilius. Lucius Aemilius Paullus yana ɗaya daga cikin shugabannin Roma biyu na shekarar 216 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), kuma a shekarar ne ya mutu a yaƙin Kanne, inda Hanibal na Kartaj, ta ƙasar Tunisiya ta yau, ya yi wa rundunar Roma kaca-kaca. Ɗansa mai irin sunansa shi ya ci Sarki Farsiyus na Makidoniya a yaƙin Fidina a shekarar 168 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya kawo ƙarshen wannan masarauta. Ke nan tun a wancan zamani ma'anar ƙanƙanta ta riga ta dushe a kunnen jama'a, sunan ya koma tambarin babban gida.

3.0 Daga Latin zuwa Girkanci da Larabci

Abin da ya fitar da sunan daga Italiya ya watsa shi duniya shi ne wani Bayahude mutumin Tarsus, ta ƙasar Turkiyya ta yau, wanda ya rayu a ƙarni na farko. Sunansa na Yahudanci Shawulu, kuma yana da 'yancin zama ɗan ƙasar Roma. A littafin Ayyukan Manzanni, sura ta 13, aka fara kiransa da sunansa na Latin, a daidai labarin haɗuwarsa da gwamnan tsibirin Kubrus, wanda shi ma sunansa Sarjiyus Bulus. Wannan ya sa malamin nan Jerom, wanda ya rasu a shekarar 420, ya ɗauka daga gwamnan ya ari sunan. Agustin na Hippo, ta ƙasar Aljeriya ta yau, shi kuma ya karkata ga ma'anar, ya ce alama ce ta ƙanƙan da kai. Yawancin masana na yanzu suna ganin mutumin yana da sunayen biyu tun farko, ɗaya na cikin dangi, ɗaya na hulɗa da hukuma da baƙi, kamar yadda Yahudawan daular da yawa suke yi. Wannan ma ba baƙon abu ba ne gare mu, mu da muke da sunan yanka da sunan rana da sunan makaranta.

Da yake da Girkanci aka rubuta wasiƙunsa, siffar sunan da ta bazu a gabas ita ce Paulos. Sa'ad da ta shiga Larabci sai ta gamu da harshen da ba shi da sautin p. Larabawa suka maye gurbinsa da ba'un, sunan ya zama Bulus, ƙarshensa na Girkanci yana nan bai faɗi ba. A wasu tsofaffin littattafai akan tarar da shi da fa'un.

Malaman Musulunci sun san wannan suna tun da daɗewa. Ibn Hazm na Andalus, wanda ya rasu a shekarar 1064, ya ambaci Bulus a littafinsa na addinai da ƙungiyoyi, ya kuma yi masa suka mai zafi. Ibn Taimiyya, wanda ya rasu a 1328, ya rubuta al-Jawab al-Sahih ne don mayar da martani ga wata wasiƙa wadda asalinta na Bulus al-Andaki ne, limamin Kiristocin Saida. Har ila yau a fagen likitanci akwai Bulus mutumin tsibirin Ajina, na ƙarni na 7, wanda aka fassara littafinsa zuwa Larabci, likitocin Musulmi irin su al-Zahrawi suka amfana da babinsa na fiɗa. Sunan dai ya zauna cikin Larabci ɗaruruwan shekaru kafin Bature ya taka ƙasar Hausa.

4.0 Shaidar da ke cikin harafin farko

Mutane da yawa sun ɗauka cewa Bulus gurɓataccen lafazi ne na sunan Ingilishi Paul. Ƙa'idar aron kalmomi ta Hausa ba ta goyi bayan haka ba. In kalmar Ingilishi ta fara da p, Bahaushe yakan mayar da shi f: fensir, fetur, famfo, fasinja, firamare. A bakin mutanen karkarar Katsina ma wannan f ɗin yakan koma h ko hw. Da daga Ingilishi sunan ya zo, da abin da za mu ji shi ne Fol, a Kurfi kuwa wataƙila Hol. Gaskiya ne akwai kalmomi irin su asibiti da kwabo inda p ya zama b, amma a tsakiyar kalma ne. Bugu da ƙari, sunan Ingilishin gaɓa ɗaya ce tak, ba shi da ƙarshen nan na -us, to ina Hausa za ta samo shi?

Amsar tana bayyana in aka jera sunan da 'yan'uwansa na cikin Littafi Mai Tsarki na Hausa: Bitrus, Yohanna, Istifanus, Filibus, Andarawus. Kowannensu ya fi kusa da siffarsa ta Larabci nesa ba kusa ba a kan ta Ingilishi. Masu fassara ne suka zaɓi haka da gangan. Aikin fassarar ya faro daga J. F. Schön a tsakiyar ƙarni na 19. Likita Walter Miller, wanda ya koyi Hausa a wurin Hausawan Tarabulus, ya zauna Zariya daga 1905, shi da abokan aikinsa Turawa da Hausawa suka ci gaba, har aka buga cikakken littafin a 1932. A lokacin akwai fassarar Larabci ta Beirut ta 1865 a hannun masu wannan aiki a ko'ina. Sun kuma san cewa kunnen Bahaushe ya riga ya saba da Musa da Ibrahim da Dauda da Yakubu, saboda haka suka bi tafarkin Larabci har ga sunayen da ba su cikin Alƙur'ani.

Ba wannan ne karo na farko da kalmar Latin ta iso mu ta hannun Larabawa ba. Ƙaisar daga Caesar yake. Masana da yawa suna mayar da siraɗi ga strata, watau shimfiɗaɗɗiyar hanya, suna kuma mayar da zinariya ga dinari, wanda asalinsa kuɗin Romawa ne, denarius. Sunayen watanni irin su Agusta su ne suka biyo ta Ingilishi. Ke nan Latin ya shigo Hausa ta ƙofa biyu, ta hamada da ta teku, kuma ana iya gane ƙofar kowace kalma daga siffarta. Bulus na da ban sha'awa domin Turawan teku ne suka kawo shi, amma cikin rigar hamada.

5.0 Sunan a ƙasar Katsina

Daga cikin Hausawan farko da aka sani da wannan suna akwai Malam Bulus Audu, ɗaya daga cikin Isawan ƙasar Zazzau da suka bi Likita Miller. Shi ne mahaifin Farfesa Ishaya Audu, wanda ya shugabanci Jami'ar Ahmadu Bello daga 1966 zuwa 1975, ya kuma riƙe Ministan Harkokin Waje daga 1979 zuwa 1983.

A ƙasar Katsina sunan ya makara. Gwamnatin mulkin mallaka ta daɗe tana hana 'yan mishan aiki a masarautun Musulmi. Sai a ƙarshen shekarun 1930, zamanin Sarki Muhammadu Dikko, aka ba ƙungiyar SIM kula da asibitin kutare na Babbar Ruga kusa da birnin Katsina. Daga baya ta kafa tashoshi a wurare irin su Matazu, maƙwabciyar Dutsin-Ma, da Malumfashi. Waɗanda suka karɓi sabon addinin galibinsu Maguzawa ne, masu sunayen gargajiya irin su Tanko da Nomau da Barau da Ranau. Da aka zo raɗa wa 'ya'yansu suna sai aka buɗe littafin 1932 aka ɗebo. Shi ya sa akan sami mutum sunansa Bulus, na ubansa Tanko, jerin da yake ba da tarihin gida a kalma biyu. Ikilisiyoyin SIM sun zama ECWA a 1954. A ɓangaren Katolika kuwa, a 2023 aka kafa dayosis na Katsina, aka naɗa Gerald Mamman Musa, mutumin Malumfashi, ya zama bishop ɗinsa na farko.

Ƙasar Yandaka, watau Dutsin-Ma, da ƙasar Maraɗi, watau Kurfi, Musulmi ne suka fi rinjaye a cikinsu ƙwarai, don haka sunan bai yawaita ba. Inda aka fi jinsa shi ne wuraren da suke tara mutane daga nesa, kamar Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita, da Jami'ar Tarayya da aka kafa a Dutsin-Ma a 2011. Wannan ya ƙara ƙarfafa zaton cewa duk mai sunan baƙo ne, alhali kuwa tafiya kaɗan ce tsakanin Dutsin-Ma da ƙauyukan da aka yi shekaru da dama ana raɗa shi.

6.0 Halin suna

Hausawa sun ce suna linzami ne. Akwai kuma ruwaya a Sahihul Buhari cewa Annabi (SAW) ya so ya canza wa kakan Sa'id ibn al-Musayyib suna daga Hazn, mai tsauri, zuwa Sahl, mai sauƙi, shi kuwa ya ƙi, Sa'id ya ce tsaurin bai rabu da gidansu ba. Romawa ma sun yi imani cewa suna yana ɗauke da ishara. Saboda haka neman halin suna tsohuwar al'ada ce mai tushe.

Sai dai tarihin Bulus ya nuna iyakar wannan nema. Ma'anarsa ƙarami, amma a Roma janar-janar ne suka ɗauke shi. A wurin Kirista sunan manzo ne mai yawan tafiya da rubutu. A littattafan raddi na malaman Musulunci sunan abokin jayayya ne, a littattafan likitancinsu kuwa sunan gwani ne. Kowace al'umma ta ɗora masa halin da ya dace da wanda ta sani da shi. Uban da ya raɗa wa ɗansa Bulus a ƙasar Matazu bai yi don ma'anar Latin ba, wataƙila ma bai san ta ba. Ya yi ne don mai sunan na farko, daidai da yadda ake raɗa Umar ko Aliyu ba tare da an tambayi ma'anar kalmar ba. Daga nan za a fahimci cewa halin da ake jingina wa sunan yanka na wanda aka yi wa takwara ne, na laƙabi irin su Dogo da Audi ne kawai yake fitowa daga kalmar kanta. Paullus ya faro a matsayin laƙabi, ya ƙare a matsayin sunan yanka.

7.0 Kammalawa

An ga cewa Bulus kalmar Latin ce mai nufin ƙarami, ta zama laƙabin wani gida a Roma, ta shiga Girkanci, Larabci ya canza mata harafin farko, masu fassara suka shigo da ita Hausa, ta iso tsakiyar ƙasar Katsina bayan shekarun 1930. Akwai aiki a gaban masu nazari: a tattara sunayen Hausawa Kirista na wannan yanki tsara bayan tsara, a ga lokacin da aka bar na gargajiya, da lokacin da siffofin Ingilishi suka fara ture na Larabci, tun tsofaffin da suka san dalilan suna raye. Malamin makaranta kuma da ya tarar da Bulus da Sagir a aji ɗaya yana da darasin tarihin harshe a gabansa, don yaran biyu takwarorin juna ne a ma'ana, kuma sunayensu duka ta bakin Larabawa suka iso Hausa.