Tsakuwa Ashirin da Huɗu: Lissafin Gado a Ƙasar Gaya

Idan aka ce Gaya, maƙera ake tunawa, domin labarin da muka gada ya ce daga nan Abagayawa suka tashi neman tama har suka sauka a Dala. Amma akwai wasu masu sana'ar da suka daɗe a ƙasar nan ba a cika ba da labarinsu ba, su ne malaman rabon gado, masu lissafi da tsakuwa a rairayin zaure.

Iliminsu ya zo ne cikin littattafan Malikiyya, waɗanda suka samu gindin zama a ƙasar Kano tun zamanin Sarki Muhammadu Rumfa (1463–1499), lokacin da Shaihu Magili ya sauka birni. Almajirin da ya kai babin gado a Risala ko Muhtasar sai ya tarar da kaso shida da Suratun Nisa'i ta yanka a ayoyi na 11, 12 da 176: rabi, rubu'i, tumuni, sulusi biyu, sulusi da sudusi. Kafin malam ya taɓa dukiyar mamaci, sai ya nemo asalin mas'ala, wato lambar da duk kason magada za su fita daga cikinta ba tare da guntu ba. Asalan bakwai ne: 2, 3, 4, 6, 8, 12 da 24.

Ga yadda nake ganin dattawa suna yi tun ina yaro, daga Kademi har Toranke. A ce maigida ya rasu ya bar mata uku, da mahaifiya, da 'ya'ya maza shida, mata biyar. An biya bashi, an fitar da wasiyya. Tumuni da sudusi sun haɗu, saboda haka asali 24 ne. Malam ya ƙirga tsakuwa 24 ya jera a gaban jama'a, ya ce, "To, ga dukiyar marigayi." Ya janye uku gefe, tumunin takaba ke nan, kowace mata ɗaya. Saura 21. Ya janye huɗu, sudusin uwa. Saura 17. Kowane namiji biyu, kowace mace ɗaya, tsakuwa ta ƙare daidai. Ba wanda ya taɓa tunanin rage 24 ɗin nan, domin kowa ya san ita ce dukiyar gaba ɗaya. Abin da ke raguwa shi ne yawan tsakuwar da ke tsakiya. Tsohuwar da ba ta taɓa riƙe alli ba tana kallo daga bakin ƙofa, kuma da za a tauye jikarta ko da tsakuwa ɗaya, za ta gani. Wannan ne ya sa nake girmama hanyar. Lissafin da aka yi a takarda aka karanto, marayu sai dai su ce to.

Daga zaure a wuce gona don raba ta. A can kunya ake ƙirgawa, ko a ja igiya, a dasa gamba a kan iyaka.

Da Turawa suka ci Kano a 1903 ba su rushe kotunan alƙalai ba. Rabon gado ya ci gaba a hannun alƙalan, ana cire ushira, kashi ɗaya cikin goma, ta tafi baitulmali. Kuɗin da Turawan suka kawo ma sai suka dace da wannan lissafi. Sule kwabo 12 ne, sisi rabinsa, taro rubu'insa. Yarinya mai tallar ƙuli-ƙuli a kasuwar Gaya ta san idan aka cire taro daga sule, nai ya rage, wato kwabo 9 cikin 12, ga kuma kwabban masu huda a zare tana iya ƙirgawa. A ranar 1 ga Janairu 1973 naira ta shigo da kwabo 100, wannan makarantar kasuwa ta rufe.

Bayan shekara uku aka buɗe shirin ilimin firamare kyauta na 1976, azuzuwa suka cika a ƙauyukanmu. Na koyar da lissafi a firamaren ƙasar Ajingi, kuma abin da ya fi damuna shi ne yaro ya ga 7/8 a cire 3/8, ya rage ta sama ya rage ta ƙasa, ya rubuta 4/0. Ba daƙiƙi ba ne. Ba a taɓa nuna masa abin da 8 ɗin take nufi ba. Na riƙa sa yara su ɗebo tsakuwa takwas-takwas, in ce gonar kaka ce, bakwai na hannunku, an sayar da uku. Nan take su ce saura huɗu cikin takwas, wasu har su ƙara da cewa ai rabi ke nan.

Malaman da suka iya wannan rabo suna nan da ransu a Gaya da Ajingi, sai dai suna tsufa, matasa kuma sun koma ga na'urar lissafi ta waya. Ina roƙon shugabannin makarantunmu su gayyato su aji huɗu da aji biyar, ko da sau ɗaya a zango, su jera tsakuwar nan a gaban yara.