Unguwannin Birnin Kano da Abincinsu: Tarihin da Ake Karantawa da Ƙafa



Idan baƙo ya zo Kano aka so a nuna masa tarihi, yawanci wurare huɗu ake kai shi: Gidan Rumfa, Gidan Makama, Marinar Ƙofar Mata da Dutsen Dala. A mota ake zuwa, a mota ake komawa, kafin la'asar an gama. Waɗannan wurare sun cancanci ziyara, amma mafi yawan abin da suke ba da labarinsa shi ne sarauta. Labarin fatake da malamai da masu sana'a, wato mutanen da suka cika birnin, yana cikin lungunan da mota ba ta shiga, a sunayen unguwanni da kuma a faifan masu sayar da abinci. Nufina a yau shi ne in nuna cewa wanda ya taka daga Dala zuwa Fagge, yana tambayar sunan kowace unguwa, yana ɗanɗana abin da ake sayarwa a bakin hanya, ya karanta tarihin shekara ɗari shida ko fiye.

Daga Dala zuwa Madabo

A Dala ya kamata a fara, domin nan ne tushen gari. Masu haƙar kayan tarihi sun sami alamun narkar da tama a wurin tun wajen ƙarni na 7. Littafin Tarihin Kano ya ce Sarki Gijimasu (1095–1134) ne ya fara ganuwa, Muhammadu Rumfa (1463–1499) ya faɗaɗa ta, ya gina fadar da ake ciki har yanzu, ya kafa Kasuwar Kurmi. Daga kan dutsen ake gane fasalin birnin. Kogin Jakara ya raba shi biyu: tsofaffin unguwannin fatake da masu sana'a sun fi yawa a arewa, fada da gidajen sarauta a kudu, Kurmi kuma tana tsakiya ta haɗa su.

Da an sauko aka nufi Madabo an shiga labarin Wangarawa, malamai fatake da suka zo daga ƙasar Mali ƙarƙashin Abdurrahman Zaite. Tarihin Kano ya sa zuwansu a zamanin Sarki Yaji (1349–1385), wani rubutu na zuriyarsu kuma ya sa shi a zamanin Rumfa, masana suna ta muhawara a kan haka. Abin da ba a jayayya a kansa shi ne sawun da suka bari. Zaitawa daga sunan Zaite take, Mandawari da Sheshe kuwa sunayen mutane ne da aka lissafa cikin ayarinsa. Dubban mutane suna faɗin waɗannan sunaye kullum wajen kwatance, kaɗan ne suka san sunayen baƙin malamai suke ambata. Haka kuma Sharifai, mazaunin zuriyar da ake dangantawa da Shaihu Magili, wanda ya zo Kano wajen 1492 ya rubuta wa Rumfa nasiha kan sha'anin mulki. Unguwar Kabara ta samo sunanta daga Malam Umaru Kabara, wanda asalinsa daga Kabara ne, mashigin jiragen ruwa na Timbuktu. Daga gidansa ne Shaihu Nasiru Kabara, jagoran Ƙadiriyya da ya rasu a 1996, ya fito.

Larabawa da gurasa

A kewayen Kurmi akwai sunaye biyu da ya kamata ɗalibi ya tsaya a kansu. Na farko Dandalin Turawa. Mai ji zai zaci Ingilishi ake nufi, alhali kafin zuwansu Larabawan arewacin Afirka ake kira Turawa, musamman fataken Gadamas da Tarabulus. Na biyu Alfindiki, daga kalmar Larabci ta alfunduƙ, wato masaukin fatake inda ake ajiye kaya a yi ciniki. Clapperton, wanda ya zo a 1824, ya ƙiyasta mutanen birnin tsakanin 30,000 da 40,000, ya ce kewayen ganuwar ya kai mil 15, tana da ƙofofi 15. Barth, wanda ya sauka a wajen Dala a 1851, ya ƙiyasta mazauna 30,000, ya ce suna ninkuwa lokacin da ayari suka iso, ya kuma nuna cewa tufafin da ake saƙawa a rina a Kano suna kaiwa har Timbuktu da Murzuk da Tarabulus.

Wannan ciniki na hamada ya mutu, amma abincinsa yana nan da rai. Asalin cimar Bakano gero ce da dawa: tuwo da miyar kuka, fura, koko, kunu. Alkama baƙuwa ce, sunanta ma na Larabci ne, kamar na albasa. Duk abin da ake yi da ita a birni yana ɗauke da hatimin arewa. Gurasa daga kalmar Larabci take mai nufin faifan burodi, alkubus daga alkhubz, alkaki daga alka'ak, bakilawa kuma ita ce baklawar ƙasashen Turkiyya da Larabawa. Hanyar gashin gurasar ma shaida ce: ana manna ƙullin a jikin tanderu mai zafi daga ciki, kamar yadda ake yi daga Masar har Farisa. Abin da Kano ta ƙara shi ne bandashe, inda ake jiƙa gurasar a barbaɗa mata ƙuli-ƙuli da yaji, a zuba man gyaɗa, a yanka albasa da tumatir. Akwai unguwa guda da ake kira Ceɗiyar 'Yan Gurasa, mata kuwa su ne ƙashin bayan sana'ar, suna gashi a cikin gida, yara da dillalai suna fitarwa.

A da, da yake alkama tana da tsada, ana nomanta ne da rani a fadamu ta hanyar ban ruwa, abincinta na gidajen sarauta ne da attajirai. Shi ya sa har gobe alkaki da dubulan suke cikin garar amarya, domin da su ake nuna martabar gida. Shigowar garin fulawa daga ƙasashen waje a ƙarni na 20 ita ta mai da gurasa abincin kowa.

Baƙin kudu, gabas da hamada

Zangon Barebari ya nuna inda fataken Barno suke sauke kaya, Agadasawa mazaunin mutanen Agadas ne, Tudun Nufawa na Nufawa ne da suka shahara a saƙa. Ayagi kuwa tsohon suna ne da ake kiran Yarbawa da shi, fataken Ilori da Ogbomosho ne suka zauna a can a zamanin Sarki Ibrahim Dabo (1819–1846). Jikokin waɗannan mutane Kanawa ne tsantsa, wasunsu limamai, wasu attajirai, wasu masu unguwanni.

A Koki da Sarari za a tarar da labarin goro. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari su ne manyan fataken da suke kai tufafi da kanwa da kayan fata ƙasar Gwanja, a cikin Gana ta yau, su komo da goro a kan jakuna, tafiyar watanni. Daga cikin Agalawa ne Alhasan Ɗantata ya fito, wanda ya fara da goro, ya koma gyaɗa bayan jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, ya rasu a 1955 yana cikin mafiya arzikin Afirka ta Yamma. Goron da ake rabawa a ɗaurin aure da suna ba ya fitowa a gonakin Kano, amma babu sha'anin da yake ƙulluwa ba tare da shi ba.

Ko kwanon ɗanwake ma darasi ne. Wake da dawa da kuka na gida ne. Kanwar da ke ɗaure shi fatake ne suke kawo ta daga ƙasar Manga da gaɓar tafkin Cadi. Rogon da ake haɗawa a garinsa, da barkonon yajinsa, da gyaɗar da aka matse mansa, duk tsire-tsiren nahiyar Amurka ne da ba su iso Afirka ba sai bayan 1500. Gishiri da dabino kuma raƙuman Buzaye ne suke kawo su daga Bilma, a Fagge suke ya da zango, a bayan ganuwa. Bayan Turawan Ingila sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, sai tsarin ya canza. Wajen 1913 aka kafa Sabon Gari domin baƙin kudu, aka ware su daga birni. Tsohon tsari yana ba baƙo unguwa a cikin ganuwa har zuriyarsa ta narke, sabon kuwa ya ajiye shi a waje. Wanda ya kwatanta Ayagi da Sabon Gari zai fahimci asalin wasu matsalolin da garin ya sha fama da su daga baya.

Abin da ke gabanmu

Jama'a, waɗannan shaidu suna ɓacewa. An sa ganuwar Kano cikin jerin share fage na wuraren tarihin duniya na hukumar UNESCO a 2007, amma dogayen sassanta sun zama gidaje da shaguna. Kududdufan da aka haƙi ƙasar gini daga cikinsu, waɗanda suke shanye ruwan sama, an cike da yawa an yi gini, ambaliya kuma ta biyo baya. Gidajen ƙasa masu zanko da dagi suna rushewa, dattawan da suka san asalin kowane zaure suna ƙarewa.

Saboda haka ina ba da shawarwari uku. Na farko, sassan tarihi da na Hausa a jami'o'inmu su sa zagayen birni a ƙafa cikin karatun ɗalibai, kowane ɗalibi a ba shi unguwa guda ya rubuta tarihinta daga bakin dattawanta, maza da mata. Na biyu, hukumomin da ke kula da tarihi da al'adu su kafa alluna da Hausa, da boko da ajami, a mashigin kowace tsohuwar unguwa, su kuma horar da samarin unguwar su zama 'yan jagora, ta yadda amfanin zai koma ga masu wurin. Na uku, ma'aikatan tsara birni su riƙa tambayar tarihin wuri kafin su ja layin hanya a kansa, kada kuma a sauya tsohon suna da sabo, domin sau da yawa sunan ne kaɗai shaidar da ta rage.

Wannan irin zagaye yana da ladubbansa. Unguwa gidan mutane ce, sai a fara da gaida mai unguwa. A yi sallama a zaure, kada a wuce shi sai da izini, kada a ɗauki hoton kowa sai ya yarda, a tsaya idan an kira salla, abin da aka ci kuma a biya kuɗinsa da mutunci. A fita da sanyin safiya, lokacin da masu waina da ƙosai suke kan tanda da kasko, a kammala da yamma wajen masu tsire da gurasa. Hausawa sun ce gani ya kori ji, kuma tafiya mabuɗin ilmi ce. Ga ɗalibin da ke zaune a Kano, wannan tafiya ba ta fi ta yini guda ba.